Gafakar Kaka da Littafin Fatar Girkawa

Tun da muka dawo daga Masar ban huta ba. A makaranta, a majalisar ƙofar gidanmu a Gumel, har wajen mai faci, tambaya ɗaya ce: wai da gaske 'yan sanda sun kama ni? Na ba da labarin har bakina ya gaji, kuma kullum sai ya dawo mini da ƙari. Jiya na ji wani yaro yana rantsuwa wai da ankwa aka sauko da ni daga jirgi. Shi ya sa zan rubuta shi sau ɗaya, kowa ya karanta ya bar ni in sha ruwa.

Zan fara da wautar da ba kowa ya sani ba. Iyakar ƙasa da na sani a duniya ita ce ta Maigatari, inda ake ɗaga wa jami'i hannu a ce masa sannu da aiki, a wuce da buhun gero a bayan babur. Na ɗauka ko'ina haka ne. Ranar tafiya na cika wata ƙatuwar gora da furar da Inna ta dama, na rungume ta har filin jirgin Kano. Wata mata mai kaki ta ce abu mai ruwa ba ya shiga jirgi, ko in zubar ko in bar mata. Furar Inna kuwa ba ta zubuwa. Na tsaya a gaban layi na ɗaga gora na shanye tas, jama'a suna kallo. Abin da ya biyo baya a sama, daga ni sai ƙofar banɗakin jirgi muka sani.

Tafiyar ba tawa ba ce, ta Kaka ce, mahaifin Babanmu. Alaramma ne a Ɗanzomo, kuma ya rubuta Alƙur'ani da hannunsa, da ka, ba sau ɗaya ba. Yana cikin rubuta wanda ya ce shi ne na ƙarshe, saura izu kaɗan, sai idanunsa suka yi hazo. Likitan Kano ya ce a gwada Masar. Baba ba zai iya barin shagonsa na kasuwar Maigatari ba, ni kuma muna hutu, sai aka ce ni zan riƙe masa hannu. Da Kaka ya ji, cewa ya yi an ba makaho ɗan jagora mai ido biyu da baki goma. Na ce masa ai gara bakin nawa, shi nasa haƙora uku suka rage a ciki.

Abu ɗaya ya ƙi bari a gida, gafakarsa. Ga wanda bai sani ba, rubutun hannu irin namu ba a ɗinke shi. Takardu ne warwara, a jera su tsakanin kwali biyu, a naɗe da ƙyalle, a zura cikin jakar fata mai igiya. Baba ya roƙe shi ya bar ta a adaka. Kaka ya ce a gidan nan akwai gara akwai jikoki, kuma har yau bai gane wanda ya fi ɓarna ba.

A filin jirgin Alƙahira goron Kaka aka tsare. Jami'in ya kwance algararar da aka ƙunshe goron a ciki, ya ɗauki ɗaya yana juya shi kamar gurneti. Kaka ya yi masa alama ya ɗanɗana. Mutumin ya gatsa, fuskarsa ta haɗe wuri ɗaya kamar an zuge bakin buhu, ya tura mana kayanmu ya ce mu tafi. A waje Yaya Nafi'u yana jiranmu. Tsohon ɗalibin Kaka ne daga Sule Tankarkar, yana karatu a can, shi ya zama bakinmu da kunnenmu.

Masaukin da ya kai mu na ɗalibai ne, a can saman wani bene, ana hawa da wani keji mai ƙara kamar akurkin kaji. Kaka ya ce mutanen da suka yarda su kwana a kan junansu ba abin da ba za su yarda da shi ba. Na ga mata suna zuro kwando da igiya daga taga, mai shago ya sa gurasa a ciki, su ja. Na ga ƙatti masu gashin baki suna sumbatar juna a kumatu a bakin titi, ba wanda ya ko waiwaya. Da safe wake, an dame shi har ya manta shi wake ne. Da rana aka kawo mana wani abinci, shinkafa da taliya da ƙananan wake da soyayyar albasa duk a kwano ɗaya, kamar an share ɗakin girki an juye. Na ci kwano biyu don in tabbatar ba na sonsa. Larabcin Kaka kuwa na littafi ne. Ya tambayi mai tumatir farashi, mutumin ya gyara tsayuwa kamar an fara huɗuba.

Likita ya duba shi ya sa ranar aiki, da sauran 'yan kwanaki a tsakani. A nan Kaka ya fito da abin da ke ransa. Ya ce yana so a kai shi gindin Dutsen Ɗuri Sina, inda Annabi Musa ya yi munajati, domin idan aikin bai yi ba, gara ya kashe ragowar ganinsa a kan abin da ya cancanta. Yaya Nafi'u ya ce da nisa. Kaka ya ce Ɗanzomo ma da nisa, ga shi ya zo.

Muka shiga babbar mota da sassafe. A hanya ta nutse cikin wani rami mai fitilu, Yaya Nafi'u ya ce yanzu ruwa ne a samanmu, manyan jiragen ruwa suna wucewa ta kanmu. Kaka ya ce a bar masa irin wannan maganar, Habu kaɗai ya ishe shi. Habu ni ne. Bayan ramin sai shingen sojoji, daga wannan sai wannan, kowanne a fito da fasfo. Na gaji har na fara miƙa nawa ga mai sayar da shayi.

Dutsen ba irin na hawan tsoho ba ne. Kaka ya tsaya a gindinsa ya ɗaga kai ya daɗe, ya yi addu'o'insa, ban san abin da ya gani ba. A nan kusa akwai wani tsohon gini mai katanga kamar ganuwa, da 'yar ƙofa wadda sai ka sunkuya. Yaya Nafi'u ya ce gidan ibadar Kiristoci ne, Girkawa masu zuhudu, waɗanda ake kira rahibai, ba sa aure, nan suke zama har mutuwa. Na ce ba sa me? Ya maimaita. Ban gama farfaɗowa ba sai ga wani dattijo cikin baƙar riga har ƙasa, da gemu wanda ya ninka na Kaka. Na durƙusa na ce, "Allah gafarta Malam," kafin in hango gicciye a ƙirjinsa. Ya amsa mini sallama da Larabci mai kyau. Da na ɗaga kai kuma, ga hasumiyar masallaci a cikin katangar, kafaɗa da kafaɗa da ta ƙararrawar cocinsu. Na ce yau idona ya ga abin da bakina ma ba zai iya ƙarawa a kai ba.

Akwai ɗakin da suke nuna wa baƙi tsofaffin littattafai cikin akwatunan gilashi. Matakalar da tsayi, sai Kaka ya cire gafaka ya rataya mini a wuya, bayan ya tambaye ni ko da alwala. A gaban wani akwati ya tsaya, ya manna hancinsa da gilashi har numfashinsa ya rufe wurin. Dattijon nan mai gemu ya tambayi Yaya Nafi'u me tsohon yake nema. Da ya ji marubuci ne, sai ya jawo masa kujera, ya zauna kusa da shi, ya fara bayani, Yaya Nafi'u yana juya mana da Hausa.

Littafin addininsu ne, da Girkanci, an rubuta shi da hannu shekaru kusan dubu da suka wuce. Ba takarda ba ce, fata ce, ta tumaki da awaki, an jeme ta an kankare har ta yi laushi. Na dubi kaurinsa na ce wannan ai duk dabbobin kasuwar Maigatari ranar Alhamis ba za su isa ba. Rubutun daga hagu yake tafiya zuwa dama, ƙananan haruffa a murɗe kamar sawun kiyashi, farkon kowane babi da babban harafi na ruwan zinariya. Rahibin ya nuna wani shafi ya ce a duba ƙarƙashin rubutun. Akwai inuwar wani rubutun da ya girme shi, an kankare an sake rubutu a kai saboda fata tana da tsada. Na ce wa Kaka ashe su ma suna wanke allo. Ya ce in rufe baki.

Rahibin ya ce ba a nan aka rubuta littafin ba. Daga wani birni mai nisa ya fito, ya zauna a wani tsibiri, ya hau jirgin ruwa, ya hau raƙumi. Ya nuna tabon ruwa a gefe, da wata kusurwa da wuta ta lasa. Ba a san sunan wanda ya rubuta ba, abin da ya bari a shafin ƙarshe kawai roƙo ne, wanda ya karanta ya yi masa addu'a, ya yafe masa kurakurai. Kaka ya gyaɗa kai ya ce mu ma haka muke rufewa. Ya tambayi da me suka haɗa tawada. Da aka ce masa har da ƙaro a ciki, ya yi dariya har haƙoran nan uku suka fito. Ya juyo ya ce mini, "Addininsu nasu, namu namu. Amma wanda ya yi wannan aikin ya san ciwon baya."

Daga nan muryar rahibin ta sauka. Ya ce littafin bai cika ba. Tun zamanin kakannin kakanni wani baƙo mai ilimi ya zo daga Turai, aka karɓe shi, aka ba shi ɗaki da abinci. Ya roƙi aron wasu shafuka, ya ce zai kwafa ya aiko da su. Har yau ana jira. Shafukan suna can wata ƙasa mai sanyi cikin aljihun tebur, wasu ma an yanke hotunan jikinsu an sayar. Kaka ya ce a sake faɗa masa, aka sake. Ya yi salati, ya ce aro kuma?

Ni kuwa duk wannan yabo da ake yi wa littafin mutane ya fara ci mini rai. A bakin ƙofa akwai wani saurayi mai gadin ɗakin, yana jin Turanci. Na matsa kusa da shi na ce mu ma muna da namu. Na ɗaga murfin gafaka, na buɗe ƙyallen, na nuna masa shafin sama. Takardun Kaka sun sha hayaƙin ɗakinsa har sun yi ja, kuma hannun rubutunmu mai kauri ne, irin wanda Larabawa suka daina gani sai a gidan tarihi. Saurayin ya zaro ido ya tambayi shekarunsa. Na ce ya girmi nasu nesa ba kusa ba. Na ce a kan raƙumi kakanninmu suka zo da shi, sarakuna sun nema an hana su. Na ga fuskarsa ta canza, na ɗauka burge shi na yi.

Muna sunkuyowa daga ƙofar nan, 'yan sanda biyu suna tsaye. Ɗaya ya nuna wuyana.

A ofishinsu babban nasu ya yi mana bayani a natse, kuma da gaskiyarsa. Fitar da kayan tarihi daga ƙasarsu babban laifi ne. Gidan nan yana da tsofaffin rubuce-rubucen Larabci ma, kuma an taɓa yi masa sata. Ga yaro ya fito daga ɗakin littattafai da warwaran takardu a jaka, da bakinsa ya ce sun haura shekara dubu. Yaya Nafi'u ya juya wannan da Hausa yana kallona. Kaka bai kalle ni ba, tambaya ɗaya ya yi, wa ya buɗe gafakar. Na ce ni ne. Da ƙasa ta tsage a lokacin, da na ce mata ta ƙara faɗi.

Yaya Nafi'u ya rantse tsohon nan ne ya rubuta su, bara ma yana rubutu. Jami'in ya ce to abu mai sauƙi, ya tura farar takarda gaban Kaka. Kaka ya laluba cikin gafaka ya fito da alƙalaminsa na kara da 'yar kwalbar tawada da ta bushe, aka ɗiga mata ruwa. Ya ce ba zai rubuta aya a takardar da bai san inda za ta kwana ba, sai ya rubuta addu'ar tafiya. Ya sunkuya har gemunsa yana share tebur. Layin farko ya hau sama kamar mai hawan tudu. Na biyu ya faɗa kan na farko. Ya tsoma alƙalami a gefen kwalba, ya ci gaba da jan busasshen kara a kan takarda bai sani ba. Ni da nake riƙe masa hannu kullum, sai a ranar na san inda idon ya kai. Jami'in ya ɗora takardar kusa da shafin sama, ya dube su. Kaka ma ya san ba su yi kama ba, domin ya ajiye alƙalamin ya naɗe hannuwansa.

Aka kira dattijon rahibi. Ya ce nasu duk suna nan, kuma a ganinsa wannan takardar ta zamani ce. Jami'in ya ce ya yarda da shi, amma magana ta riga ta shiga rahoto, sai masanin gwamnati ya gani da idonsa, kuma sai gobe zai zo. Ya ce mu bi motarmu kada mu rasa ranar likita, idan an gama za a aiko mana da takardun Alƙahira.

Kaka ya ce, "Nafi'u, gaya masa haka aka ce wa mai littafin fata."

Yaya Nafi'u ya ce Malam jibi ne fa aikin, idan muka kwana ba lalle mu isa ba. Kaka ya ce idon don takardun yake nemansa, in ya bar su a nan me zai je ya gani. Jami'in ya ɗaga kafaɗa, ya jawo aljihun teburinsa zai sa gafakar. Na leƙa, kwalin taba ne a ciki da tsofaffin fayiloli da guntun gurasa. Da na faɗa wa Kaka, ya miƙe tsaye ya dafe gafakar da hannu biyu, ya ce sai dai a sa shi a ciki tare da ita.

Rahibin ne ya yi magana. Ya ce idan jami'in ya amince, a ɗaure ta a buga hatimi, shi zai ajiye ta a ɗakinsu mai kulle har masanin ya zo. Na tabbata Kaka zai ƙi. Wannan fa mutumin da ko Baba ba ya bari ya taɓa ta sai ya ga ruwan alwala a gemunsa. Sai ga shi ya amince, amma ya kafa sharuɗɗa: ba za ta taɓa ƙasa ba, ba za a ɗora komai a kanta ba, ba mai buɗewa. Rahibin ya ce haka suke yi wa nasu. Ya fita ya dawo da farin ƙyalle, ya shimfiɗa a kan tafukansa, don kada fatar hannunsa ta taɓa. Kaka da kansa ya ɗora masa. Muka bi shi har ɗakin, ya sa ta a kan kanta mafi tsayi, sama da kan kowa. Kaka ya sa na ɗaga hannunsa ya shafa wurin, ya tabbatar ba komai a samanta.

A hanyar masauki na ce, "Kaka, ka yafe mini."

Ya ce, "Kai da ka ba ni shekara dubu, ai ni ne da godiya. Riƙe ni da kyau, ɗan banza, akwai duwatsu."

Bai ci abinci ba ranar. Ni na ci, amma ban ji daɗinsa ba sosai.

Masanin bai iso ba sai bayan azahar, wata mata ce mai tabarau. Kaka ya sa Yaya Nafi'u ya riƙa ɗaga mata shafukan. Ta ce a kai shafi ɗaya bakin taga, ta duba shi a hasken rana, ta nuna wa jami'in tambarin kamfanin takarda a jikinsa. Ta tambayi wane ne ya ce shekara dubu. Kowa ya nuna ni, har rahibin. Ta yi rubutu ta sa hannu, aka kwance hatimi. Kaka ya zauna a kan benci ya bi takardunsa ɗaya bayan ɗaya da yatsa, mu duka muna tsaye, har ya kai ta ƙarshe. Sannan ya rataya gafakar a wuyansa, ya zura ta cikin riga. Da za mu rabu ya ba rahibin goro biyu. Ban tsaya ganin yadda ta kaya tsakaninsu ba.

Motar ranar ta riga ta tafi, ranar likita ta wuce mu. Sai da aka sake sa mana wata, muka ƙara mako a Alƙahira muna cin wake, Baba yana bugo waya yana tambayar abin da ya riƙe mu, Kaka yana ce masa a tambayi Habu. An yi aikin. Idon hagu ya buɗe, na dama bai buɗe ba, likita ya ce wannan ya riga ya tafi tun kafin mu zo. Takardun sun dawo Ɗanzomo ba wadda ta ɓace. Kaka yana rubutu da hantsi kawai, a ƙofar ɗaki inda rana take, kai a karkace, kuma ran Juma'ar da ta wuce ya shiga izun ƙarshe.